Farashin Kora: Diyya a Madadin Mayar da Ma'aikacin Rabin Lokaci Bakin Aikinsa a Dokar Ƙwadago ta Birtaniya

Tsakure

Wannan takarda ta duba abin da ke faruwa bayan kotu ta tabbatar an kori ma'aikacin rabin lokaci ba bisa ƙa'ida ba, sannan aka biya shi diyya ba a mayar da shi bakin aikinsa ba. An gina nazarin a kan dokar Birtaniya, domin a can aka yi doguwar jayayya kan shigar da irin waɗannan ma'aikata cikin kariyar doka, kuma daga can Nijeriya ta gaji tushen dokar kwantiragin aiki. Da'awar takardar ita ce, auna haƙƙi gwargwadon sa'o'in aiki adalci ne a wajen albashi, amma idan aka kai wannan ma'auni wajen diyyar kora, sai ya sa korar mai ƙaramin albashi ta yi arha har dokar ta daina hana kowa komai.

Gabatarwa



Sai na fara da gyara kalma, domin a bakin mutane ana haɗa abubuwa biyu da doka ta raba. Ma'aikacin wucin gadi shi ne wanda aka ɗauka zuwa wani wa'adi, ko zuwa ƙarewar wani aiki. Wanda nake kira ma'aikacin rabin lokaci kuwa yana iya shekara ashirin a wuri ɗaya, sa'o'insa ne kawai ba su kai na abokan aikinsa ba. Haka Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya ta fayyace shi a Yarjejeniya ta 175 ta shekarar 1994: ma'aikacin da sa'o'in aikinsa na yau da kullum suka gaza na takwaransa mai cikakken lokaci. Ba lallai ne sa'o'in su zama rabi cif ba. Mai sharar ofis da ke zuwa kafin gari ya waye ta tafi kafin ƙarfe tara, da mai dafa abincin rana a makarantar firamare, da mai tsaron kanti ranakun Asabar da Lahadi, duk suna cikin wannan rukuni.

Yarjejeniyar ta ce a sashe na 7 a ba waɗannan ma'aikata sharuɗɗa daidai da na takwarorinsu a batun sallama daga aiki, tare da yarda cewa haƙƙoƙin kuɗi za a iya auna su gwargwadon sa'o'i ko albashi. Wannan ɗan ƙarin bayani na ƙarshe shi ne abin da takardar nan take bibiya. Ita kuma Yarjejeniya ta 158 ta 1982, a sashe na 10, ta ce idan kotu ba ta da ikon mayar da wanda aka kora, ko ta ga hakan ba zai yiwu ba, to ta ba da umarnin biyan isasshiyar diyya. Tambayar ita ce, isasshiya ga wa, kuma da wane mudu aka auna?

Yadda aka buɗe ƙofar

Dokar Ingila ta gargajiya, wadda alƙalai suka gina hukunci bayan hukunci, tana kallon aiki a matsayin kwantiragi tsakanin ubangida da bara. Kotu ba ta tilasta wa ɗayansu ci gaba da zama da ɗan'uwansa. A shari'ar De Francesco da Barnum ta 1890 an bayyana fargabar cewa tilasta cika alkawarin aiki zai iya mayar da shi bauta. Fargabar tana da tushe idan ana maganar tilasta wa bara. Amma sai aka juya ta ta zama garkuwar ubangida, aka ce shi ma ba za a ɗora masa baran da ba ya so ba, alhali ba ɗaya ba ne a tsare mutum a gidan da yake son bari da a hana kamfani fitar da shi babu dalili.

Haƙƙin ƙalubalantar kora marar adalci ya shigo ne da dokar 1971, bayan rahoton Kwamitin Donovan na 1968, kuma dokar 1975 ta ɗora mayarwa bakin aiki a sahun gaba na abin da kotun ƙwadago za ta duba. Sai dai an gina katanga a bakin ƙofar. A ƙarƙashin dokar 1978, wanda ke aikin sa'a 16 ko fiye a mako yana samun kariya bayan cika wa'adin da aka sa, wanda ya kai shekara biyu a tsakiyar shekarun 1980. Mai aikin sa'a 8 zuwa 16 sai ya shekara biyar. Wanda bai kai sa'a 8 ba, babu shi a lissafi ko da ya tsufa a wurin.

Hukumar Daidaita Dama tsakanin maza da mata ce ta kai gwamnati ƙara. A watan Maris na 1994 alƙalan Majalisar Dattawan Birtaniya, wadda a lokacin ita ce kotun ƙoli, suka yanke cewa katangar wariya ce ga mata ta bayan fage, domin kusan tara cikin goma na masu aikin rabin lokaci mata ne. Gwamnati ta kafa hujja da cewa sauƙaƙa wa kamfanoni nauyi shi ke sa su buɗe guraben irin wannan aiki. Lord Keith, wanda ya karanta babban hukuncin, ya nuna cewa ba a kawo wata shaida ta zahiri da ke goyon bayan wannan zance ba. A 1995 aka soke sharaɗin sa'o'in gaba ɗaya, sannan a 2000 aka fito da ƙa'idojin hana fifita mai cikakken lokaci a kan mai rabin lokaci, bisa umarnin Tarayyar Turai na 1997.

Nasara ce ta gaske, kuma bai kamata a raina ta ba. Amma ta tsaya ne a kan wanda zai shiga kotu. Abin da zai fito da shi daga kotun ba a taɓa shi ba.

Abin da ke bayan ƙofar

Dokar Haƙƙin Ma'aikata ta 1996 ta jera matakai. Idan kotu ta samu korar ba ta adalci ba ce, wajibi ne ta bayyana wa mai ƙara cewa ana iya mayar da shi kan kujerarsa kamar ba a taɓa korarsa ba, ko a sake ɗaukarsa a wani gurbi makamancinsa, ta kuma tambaye shi ko yana so. Sashe na 116 ya ce kotu ta duba muradinsa, da ko umarnin zai yiwu a aikace, da ko yana da hannu a abin da ya jawo korar. A rubuce, diyya ce ta ƙarshe a jeri. A aikace ita ce kusan komai, domin ƙasa da ɗaya cikin ɗari na ƙararrakin da aka saurara ne ke ƙarewa da umarnin komawa aiki.

Har inda aka ba da umarnin ma, ba a tilasta shi. Sashe na 117 ya ce idan mai wurin aiki ya ƙi bi, sai ya biya ƙarin diyya ta albashin mako 26 zuwa 52. Wato doka da kanta ta rubuta kuɗin fansar umarnin kotu, ta kuma rubuta shi da albashin mako na wanda aka zalunta.

A nan nake so mu daɗe, mu yi lissafi. Mu ƙaddara mata biyu ne a kanti ɗaya, kowacce tana da shekara 35, kowacce ta shekara uku a wurin, ana biyansu fam 12 a sa'a. Ɗaya tana sa'a 40 a mako, albashinta fam 480. Ɗayar tana sa'a 10, albashinta fam 120. Manaja ya kore su rana ɗaya, kan zargi ɗaya da bai bincika ba. Diyyar tushe ana lissafa ta ne da shekaru da tsawon hidima: rabin albashin mako ga kowace shekarar da aka yi ƙasa da shekara 22 da haihuwa, albashin mako ɗaya tsakanin 22 da 40, ɗaya da rabi daga 41, kuma ba a ƙirga fiye da shekara 20. Ta farko za ta samu fam 1,440, ta biyu fam 360. Idan kotu ta ce a mayar da su kantin ya ƙi, mafi ƙarancin ƙarin diyyar ta farko fam 12,480 ne, na ta biyu fam 3,120. Laifin manajan ɗaya ne, zargin da aka shafa musu ɗaya ne, taurin kan da aka nuna wa kotu ɗaya ne, amma na biyun an sayar da shi a rubu'in farashi.

Saura diyyar asara, wadda ake auna ta da abin da mutum ya rasa na kuɗi. A 2013 aka sa mata sabon rufi: kada ta wuce albashin mako 52, ko adadin da doka ta ƙayyade, duk wanda ya fi ƙanƙanta. Kafin wannan sauyi rufin ɗaya ne ga kowa, kuma mai ƙaramin albashi yana can nesa da shi. Bayansa rufin ya sauko daidai kan kowane mutum gwargwadon samunsa, ga mai fam 120 ɗin nan ya tsaya a fam 6,240. Daga wannan kuma ake zaftarewa. Hukuncin Polkey na 1987 ya buɗe hanyar rage diyya idan da ma za a iya korar mutumin ko da an bi ƙa'ida. Akwai kuma wajibcin neman wani aiki don rage asara. Hukuncin Dunnachie na 2004 ya rufe batun ɓacin rai da zubar mutunci, ya ce wannan diyya ta asarar kuɗi ce kaɗai. Duk abin da zai iya zama iri ɗaya tsakanin matan nan biyu an fitar da shi daga lissafi, an bar abin da ya bambanta su.

Sai a tuna cewa a kotun ƙwadago kowa shi ke biyan lauyansa a mafi yawan lokuta, ko ya yi nasara. Daga 2013 zuwa 2017 kuma an ɗora kuɗin shigar da ƙara da na sauraro, jimilla fam 1,200 ga ƙarar kora. Ga mai fam 120 a mako, albashin mako goma ke nan za ta ajiye don neman diyyar tushe ta fam 360. A watan Yuli na 2017 Kotun Ƙoli ta soke waɗannan kuɗaɗe a ƙarar da ƙungiyar ƙwadago ta UNISON ta shigar, bayan ta ga yadda ƙararraki suka ragu da kusan kashi biyu cikin uku. Cikin abin da kotun ta lura da shi akwai cewa mai hankali ba zai biya kuɗi mai yawa don bin ɗan ƙaramin haƙƙi ba. Wannan lura ba ta mutu da soke kuɗin ƙara ba, tana nan a kuɗin lauya da kuɗin mota da ranakun da za a rasa a sabon aiki.

Hujjar ɗaya ɓangaren

Ba zan ɓoye ƙarfin hujjar masu kare wannan tsari ba. Suna cewa diyya gyaran ɓarna ce, ba horo ba ce, kuma wadda ta rasa fam 120 a mako ba ta yi asarar wadda ta rasa 480 ba. Suna cewa yawancin waɗanda aka kora su da kansu ba sa son komawa, domin kafin a zo sauraro watanni sun shuɗe, zuciya ta ɓaci, kuma kowa ya san irin zaman da ake yi da wanda kotu ta dawo da shi. Suna kuma tuna mana ƙananan 'yan kasuwa, masu ma'aikaci uku ko huɗu, waɗanda diyya mai nauyi za ta iya rufe musu shago.

Biyun ƙarshe na karɓe su. Ba na kiran a mayar da kowa ko yana so ko ba ya so, kuma ƙaramin shago yana da hujjar a sassauta masa. Ta farkon ce nake da ja a kanta, domin ta ɗauka abin da ke cikin aikin rabin lokaci albashi ne kawai. Matar da ta zaɓi sa'a goma sau da yawa ta zaɓe su ne domin sun faɗo tsakanin kai yara makaranta da ɗauko su, ko domin tana jinyar tsohuwa a gida, ko domin wurin yana kusa, ko domin sun dace da wani aikin sa'a goman da take yi a wani wuri. Aiki mai irin wannan daidaito ya fi aikin cikakken lokaci wuyar maye gurbi, ga shi kuma idan ta samu sabo, wa'adin samun kariyar doka zai fara ne daga farko. Kotu tana biyan 'yan ɗaruruwan fam a madadin wannan asara ta ƙarshe, wanda ke nuna ta san da ita, sai dai ta raina ta. Mayarwa bakin aiki ita kaɗai ce ke dawo da sa'o'in da wurin da shekarun hidima a dunƙule. Ga wannan ma'aikaciya tazarar da ke tsakanin mayarwa da diyya ta fi faɗi, ga shi ita ce diyyarta ta fi ƙanƙanta.

Batun cewa mayarwa ba za ta yiwu ba ma, a ganina, ya fi rauni a nan. Kantin da ke da ma'aikata ɗari da rassa da yawa ba zai rasa inda zai sa sa'a goma a jadawalin mako ba.

Wasu ƙasashe sun nuna akwai wata hanyar. A Afirka ta Kudu, sashe na 193 na dokar 1995 ya wajabta mayarwa, sai dai idan ma'aikacin ba ya so, ko zaman ya zama ba mai jurewa ba, ko ba zai yiwu a aikace ba, ko kuma kuskuren na bin ƙa'ida ne kawai. Sifaniya ta bi akasin haka: a korar da ba ta da hujja mai kamfani ne ke zaɓa tsakanin mayarwa da biyan albashin kwana 33 kan kowace shekara, tun gyaran 2012. Italiya ta bar tsarin mayarwa na sashe na 18 na dokar 1970 a hankali, ta kai ga dokar 2015 mai ƙayyade albashin wata biyu kan kowace shekarar hidima, sai Kotun Tsarin Mulkinta ta rushe wannan lissafi a hukunci na 194 na 2018, ta ce diyyar da aka ɗaure da tsawon hidima kaɗai ba ta dubi halin kowane mutum ba, ba ta kuma isa ta hana kora ba. Kotun Italiya ta yi magana ne kan shekaru, amma dalilin nata yana aiki daidai a kan sa'o'i.

Abin mamaki shi ne dokar Birtaniya ta riga ta san maganin. Sashe na 120 na dokar 1996 ya sa mafi ƙarancin diyyar tushe, adadi tsayayye na dubban fam, ga wanda aka kora saboda wasu dalilai na musamman, kamar wakilcin ma'aikata a harkar lafiya da kariya a wurin aiki. A can ba a tambayar sa'o'insa, domin an gane cewa manufar ita ce hana aikata abin. Shawarata ita ce a shimfiɗa wannan dabara zuwa wurare biyu: diyyar tushe ta kowace kora marar adalci, da ƙarin diyyar ƙin bin umarnin kotu. A lissafa ƙasan su da albashin cikakken mako a kan mafi ƙarancin albashi na ƙasa, komai ƙarancin sa'o'in wanda aka kora. Diyyar asara kuwa ta ci gaba da bin albashinsa na gaskiya, domin a can ma'aunin ya dace.

Abin da ya shafi Nijeriya

Nijeriya ta gaji garkuwar ubangida ba ta gaji ƙofar ba. Kotun Ƙoli ta daɗe a kan cewa ba a ɗora ma'aikaci a kan ubangidan da ba ya sonsa, kuma a shari'ar Chukwumah da kamfanin Shell ta 1993 ta tabbatar cewa diyyar sallama ba bisa ƙa'ida ba ita ce albashin wa'adin sanarwa. Mayarwa ta zama rabon waɗanda doka ta tsara sharuɗɗan aikinsu, kamar yadda aka gani a shari'ar Shitta-Bey ta 1981 da ta Olaniyan da Jami'ar Legas ta 1985. Ma'aikacin rabin lokaci a asibiti ko makaranta mai zaman kanta yana nesa da wannan inuwa.

Sashe na 11 na Dokar Ƙwadago ya ƙayyade wa'adin sanarwa: kwana ɗaya ga wanda bai wuce wata uku ba, mako ɗaya zuwa shekara biyu, mako biyu daga shekara biyu zuwa biyar, wata ɗaya daga shekara biyar. Mu ƙaddara mai shara ce a wani asibitin kuɗi, tana zuwa safiya uku a mako, ana ba ta naira 30,000 a wata, ta shekara uku. A tsohon ma'auni abin da za ta samu bai wuce naira 15,000 ba, kuɗin da ba zai kai ta ofishin lauya sau biyu ba. Dokar mafi ƙarancin albashi ta 2019, wadda gyaran 2024 ya ɗaga adadinta zuwa naira 70,000, ta ambaci aikin rabin lokaci ne domin ta cire shi daga cikin waɗanda ta shafa.

Sai dai ƙasa ta motsa tun gyaran tsarin mulki na uku na 2010. Sashe na 254C ya ba Kotun Ma'aikata ta Ƙasa hurumin duba ayyukan rashin adalci a wurin aiki da amfani da mizanan ƙwadago na duniya, kuma ta dogara da shi ta yi aiki da ruhin Yarjejeniya ta 158, duk da cewa Nijeriya ba ta rattaba mata hannu ba, saɓanin Nijar da ta yi a 1985 da Kamaru a 1988. A 2020 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta amince da diyyar albashin shekara biyu a shari'ar kamfanin Sahara Energy da Oyebola. Ci gaba ne babba, amma a lura da mudun da aka yi awon da shi: albashin wanda aka kora, a ninka. Hanyar da Birtaniya ta bi ke nan, kuma mun ga inda ta ajiye mai sa'a goma.

Sashe na 19 na dokar Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ta 2006 ya ba ta ikon yanke diyya ba tare da ɗaure ta da wani jadawali ba. Saboda haka babu abin da ya hana alƙali, idan mai sharar nan ta zo gabansa, ya raba diyyarta gida biyu: asarar albashi ya auna da naira 30,000 ɗinta, laifin korar kuwa ya auna da naira 70,000 na cikakken wata.